Makirufo a Wuyan Rigar Baba

Ku da kuke ta turo min saƙo kuna cewa "Auta kin dace, ki riƙe shi hannu bibbiyu", yau ku gyara zama, don da ku nake. Wanda bai taɓa karanta ni ba ma kada ya damu, ba wani dogon tarihi gare ni ba. Ni ce ƙarama a gidanmu, na kusa shekara talatin, aikina buga takardu a wani shago da ke ƙasan bene kusa da kotu, kuma akwai mutumin da ake shirin bikina da shi. Darakta kowa yake ce masa. Har Mama, wadda sunan maganinta ma sai an tuna mata, ta iya faɗin "Darakta" tana lanƙwasa harshe kamar ita ta raɗa masa.

Ba fim ɗin rawa da waƙa yake yi ba. Nasa na gaskiya ne, zai zaunar da mutum na ainihi a gaban kyamara, mutum ya yi ta zuba har ya faɗi abin da bai taɓa gaya wa matarsa ba. Kuma maza kawai yake bi. Na farko a kan mahaifinsa ya yi, wani tsoho mai saurin hannu da ya tarwatsa gidansa da duka. Na biyu a shagon aski ya ɗauke shi. Na uku kuwa a kan magidantan da aka sallama daga aiki ne, amma kullum da safe suna ɗaura agogo su fita don kada iyali su gane. Wannan ne ya kai shi ƙasashen waje, ya dawo da kyautar wani gilashi mai tsini da yake ajiyewa a kan firij. Yanzu har makarantu ake gayyatarsa ya yi magana a kan wane ne namiji a wannan zamanin, yana tsaye da baƙar riga mara kwala, mata suna ta ɗaukarsa a waya.

A shagonmu muka haɗu. Hirarrakin da ya naɗa yake kawowa, ni kuma in saƙala abin kunne in mayar da magana rubutu, wanda ake sakawa a ƙasan allo. Abin da ya kayar da ni a kansa, kada ku yi dariya, shirunsa ne. Ni da na saba da samarin da ba sa bari in kai ƙarshen jimla, sai ga wanda zai tambaye ni abu guda, ya naɗe hannu, ya zuba min ido ya yi tsit. In gama amsawa, ya ci gaba da yin tsit. Shirun ya yi min nauyi, in ƙara wata maganar, in sake ƙarawa, sai ga ni ina ba shi labarin da ko ƙawata ba ta sani ba. Na ɗauka so ne, ashe haka yake aiki.

Ranar da ya fara zuwa gidanmu, idonsa bai tsaya a kaina ba, a kan hoton da ke saman talabijin ya tsaya. Baba ne a ciki da kakinsa na 'yan kwana-kwana, hular ƙarfe a hammata, ƙirji a buɗe. Shi ne shugaban tasharsu har ya yi ritaya. A unguwarmu Kwamanda ake ce masa, kuma har yau idan ya fito ƙofar gida samarin da ke zaune a kan dakali sai sun ɓoye sigari. A hannunsa na dama akwai tabon ƙuna tun daga wuyan hannu har gwiwar hannu, na ranar da ya shiga wani gida ya fito da wata mata da 'ya'yanta.

"Baba," in ji Darakta, ya durƙusa har ƙasa, "irinku nake nema. Maza sun ƙare, saura ku."

Baba ya yi 'yar dariya ya shafa gemu. Ni kuma ina bayan labule zuciyata fari tas, wai saurayina ya san darajar ubana.

To akwai abin da unguwa ba ta sani ba. Tun da aka yi wa Baba aiki a mafitsara, fitsari ba ya yi masa sallama. Famfas na manya yake sakawa a ƙarƙashin wando. A gidanmu ba a taɓa furta wannan magana ba, ko sau ɗaya. Mama ce take shiga da shi banɗaki, ita take wanke zanen gado ta shanya a bayan gida inda ba a gani, ta ƙulle leda ta ajiye a bayan ƙofar kicin. Ni kuma in zan fita aiki in ɗauki ledar in jefa a bola, kamar ɓawon albasa ne a ciki. Baba ya yarda ban sani ba, ni kuma na bar shi a haka, ina gaishe shi da safe ina tsokanarsa yana ce min sarkin surutu.

Ranar ɗaukar fim, Asabar ce da hantsi. Mama ta canja labulen falo zuwa masu ruwan zuma, ta fito da kofunan da ba a taɓa su sai an yi baƙi, ta ɓata safiyarta tana goge tsohon kakin Baba har karin wandon ya tsaya. Bel ɗin ya yi masa yawa, sai da aka huda sabon rami da ƙusa. Amma da ya fito, takalmi yana sheƙi, wallahi sai da na ji hawaye. Ni kuma doguwar riga shuɗiya na saka da farin mayafi, ina ta shiga da fita ba aikin komai.

Darakta ya kafa fitilu biyu, ya sa aka kashe fanka da firij, wai suna shiga cikin sauti. Sannan ya ɗauko wata 'yar makirufo da ba ta fi ƙwayar wake ba, ya maƙala a wuyan rigar Baba, ya zura wayar ta ciki, ya rataya masa ɗan akwatinta a bel.

"Baba, wannan 'yar abar kunne gare ta. Ko motsin leda tana ɗauka. In akwai wani abu mai ƙara a jikinka, a cire."

Baba ya miƙe. "Bari in shiga in fito," ya ce. Ya shiga ɗaki, ya fito yana gyara bel, ya zauna. Ban kawo komai a raina ba.

Aka fara. Falo ya ɗau zafi, ga fitilu ga ba fanka, maƙogwaron Baba yana bushewa, Darakta yana ta tsiyaya masa ruwa yana cewa "Sha, Baba, muryarka ce jarinmu." Baba ya ba da labarin gobarar kasuwa, ya ba da na abokinsa da rufi ya faɗo wa, ya naɗe hannun riga ya nuna tabo. Aka daɗe, har ƙafata ta yi sanyi a inda nake tsaye. Can Darakta ya sassauta murya.

"Baba, mene ne abin da namiji yake tsoro, wanda ba zai iya faɗa ba?"

Ya naɗe hannu ya yi shirun nan nasa. Baba ya buɗe baki ya rufe. Ya gyara zama. Sai na ga ya sauke hannuwansa biyu a kan cinya ya danne.

"A ɗan dakata," ya ce.

Ya miƙe a karkace, ya bar hularsa a kan kujera, ya bi jikin bango yana ba mu gefe, ya ƙwala wa Mama kira ya shige. Ni ko, sakarya, na ɗauka tambayar ce ta taɓa shi. Na haɗo shayi na kawo wa Darakta. Yana zaune abin kunne a kansa, idonsa a rufe. Na ce "Ga shayi." Ya ɗaga min yatsa ɗaya alamar in yi shiru, bai ko buɗe ido ba. Ya yi min kyau a haka, har na ɗauki hotonsa na ɗora a shafina na rubuta "Gwanina a bakin aiki". Wasunku ma sun danna min alamar zuciya a ƙasan hoton, ina sane da ku.

Da Baba ya fito, doguwar rigar zaman gida ce a jikinsa. Ya ce kakin ya yi masa zafi. Ya miƙa wa Darakta makirufon a tafin hannu, aka tashi a nan.

Bayan 'yan makonni ina shago da rana, saƙonsa ya shigo.

"Ranki ya daɗe, na turo miki hirar surukina. Ke kaɗai na yarda ki buga. Ki saurara har ƙarshe."

Na mayar masa: "An gama, ranka ya daɗe. Ladana fa?"

"Ni ɗungurungum."

Na yi murmushi ni kaɗai kamar wata taɓaɓɓiya, na saƙala abin kunne na fara. Ku da ba ku san aikinmu ba, bari in gaya muku wani abu. Mai bugu in ya ƙware, magana daga kunne take wucewa zuwa yatsu, ba ta bi ta ƙwaƙwalwa. Na sha buga takardar rabuwar aure ina tunanin takalmin da zan saya. Haka na yi ta bugawa, gobarar kasuwa, aboki, tabo, har zuwa "A ɗan dakata". A allo Baba ya fita, ya rage kujera da hula. Amma sautin bai tsaya ba, ya bi shi. Takun takalmi, ƙarar ƙofa, numfashi sama-sama, sai muryar Baba.

"Rufe ƙofar. Rufe mana."

Muryar Mama ta biyo baya. "Innalillahi. Cire abin ka yi? Cirewa ka yi?"

"Yaron ya ce yana ƙara."

"Yaron ya ce! Dubi kakin da na ɓata safiyata a kansa. Har cikin takalmi. Tsaya nan, kada ka taka min darduma. Ɗaga ƙafa. Ɗaga mana, ka tsaya min ƙiƙam kamar turke! Ni dai na shiga uku. Na yi raino na gama, yanzu an miƙo min ƙaton jariri mai furfura. Kana can kana cika wa yaro baki ka ɗauko mutane daga cikin wuta, fitsarinka ma ya gagare ka ɗauka."

"Yi a hankali. Auta za ta ji."

"Ta ji mana. Ni kaɗai aka haifa don wahala?"

"Don Allah, uwar yara. Kowa ya ji, ban da ita."

Daga nan sai ƙarar ruwa a bokiti, da wani sauti da ban taɓa ji ba tun da aka haife ni. Babana ne yake kuka, ƙasa-ƙasa, yana danne shi da wani abu, ina jin tawul ne. Makirufon tana daidai maƙogwaronsa, don haka a cikin kunnena ya yi kukan nan gaba ɗaya.

Da na dawo hayyacina na dubi allon kwamfuta, sai na ga duk na buga. Har da alamar tambaya, har da waƙafi. Wani lauya yana tsaye a kaina da takardu yana cewa "Malama, sauri nake." Na ture kujera na fita, ko jakata ban rufe ba.

Ɗakin da Darakta yake tace fim a saman wani kantin magani yake. Baƙin labule har ƙasa, allo biyu manya, sanyin na'ura kamar a ɗakin ajiye gawa, da wata kujera mai laushi da yake zaunar da baƙi. Ina shiga ya juyo da fara'a.

"Kin ji?"

"Na ji. Har na buga da hannuna, Allah ya isa."

"Zo ki ga yadda na haɗa."

Bai jira amsata ba ya danna. Kujerar falonmu ce, hular Baba a kai, hasken fitila a kan labulen Mama, babu kowa. Muryoyin suna fita daga manyan lasifika. Na ce ya kashe, bai kashe ba sai da aka kai wurin ruwa.

"Auta, shekara da shekaru ina neman wannan," ya ce, idonsa har ƙyalli yake. "Duk mazan da na ɗauka, labari suke ba ni. Wannan kuwa ba labari ba ne, abin ne da kansa. Ga jarumi a falo, ga shi a bayan ƙofa. Kin san maza nawa ne za su kalla su ji ba su kaɗai ba ne?"

"Ubana ne."

"Shi ya sa ya yi ƙarfi."

"Kana jin su a ranar. Ina miƙa maka shayi kana ɗaga min yatsa."

"Ba ni na aike shi da makirufo ba. Mantawa aka yi."

"Da ka ji an manta, me ya hana ka cire abin kunnen?"

Sai ya naɗe hannu ya zuba min ido, ya yi tsit. Wai ni zai yi wa! Amma ku ji abin haushi, ya yi aiki. Shirun ya danne ni, bakina ya ɓalle, na fara zazzaga masa duk abin da ya zo min.

"Kai ne fa kake tsayawa a gaban ɗalibai kana cewa kyamara amana ce. Kai kake cewa ba ka taɓa saka mutum a fim ba sai da ya yarda da bakinsa. To wannan bai sani ba. Bai ba ka izini ba. Sata ce, Darakta, sata ka yi a banɗakin gidanmu!"

Fuskarsa ta canja. Ya sunkuyar da kai ya daɗe, ya cire tabarau ya murza ido.

"Kin yi gaskiya," ya ce a hankali. "Wallahi kin yi gaskiya. Ba zan saka abin da bai yarda da shi ba. Na yi miki alkawari."

Na zauna a kujerar nan na yi kuka, ya miƙo min hankici. A hanyar gida har saƙo na tura masa: "Ka yafe min zafin bakina. Na san kai mutumin kirki ne." Ya turo min hoton fure. Ku yi min dariya, na ba ku dama.

A kicin na sami Mama tana yanka albasa, ɗankwali ya zame mata baya. Na tura ƙofa na gaya mata komai a gurguje. Wuƙar ta tsaya.

"Muryata ta fito?"

"Tar, Mama."

"Duk abin da na ce?"

"Duka. Mama, ya za ki ce masa jariri?"

Ta ajiye wuƙar ta juyo ta kalle ni daga sama har ƙasa.

"Au, ke ce za ki yi min wa'azi? Ke da leda kawai kike ɗauka da yatsa biyu kina kau da hanci? Kin taɓa durƙusawa kin wanke masa cinya? Kin taɓa tashi kin tarar da katifa sharkaf? Kullum ni, kullum ni, ke kuma kina falo kuna wasa da dariya, ke ce 'yar lele, ni ce muguwa." Ta share ido da bayan hannu. "Ya ce zai cire ko?"

"Ya ce ba zai saka ba."

"To ki ja bakinki ki tsuke. Kada ki kuskura ki sake ɗaga masa murya. Sa'anninki suna kai 'ya'ya makaranta, ke kina nan kina cin tuwon gidanku da gardama. Gwaggonki kullum sai ta kira ni tana tambaya ko wannan ma ya gudu. Ubanki ba shi da wani buri a duniya da ya wuce ya ga kin tafi ɗakinki kafin ki gane halin da yake ciki. Kin ji na gaya miki."

Na fita. Baba yana falo yana sauraren rediyo, ya ce "Sarkin surutu, yau ba labari?" Na ce kaina ne yake ciwo.

Kwanaki suka wuce lafiya lau. Darakta yana turo min samfurin katin biki, wai in zaɓa tsakanin ruwan gwal da ruwan toka. Na zaɓi ruwan toka. Sai ran nan da azahar ina shago, wayata ta yi ƙara. Bidiyo ne, da rubutu a ƙasa.

"Na gyara kuskurena. Na gode da kika tsayar da ni a kan gaskiya."

Na buɗe. Baƙin labulen nan na fara gani, da kujera mai laushi. Baba ne zaune a kai. Farar rigarsa ta zuwa taro ya saka, ya taje gemu, ashe da safe bayan na fita Darakta ya zo da mota ya ɗauke shi, wai ya je ya ga fim ɗinsa. Abin kunne a kansa, kyamara daf da fuskarsa. Da farko murmushi yake yi, yana gyaɗa kai, yana jin labarin gobara. Sai murmushin ya tsaya a inda yake. Ban ji abin da yake ji ba, amma na san kowace kalma, ni na buga su. Na ga inda Mama ta ce jariri, don a nan idonsa ya ƙifta. Bai cire abin kunnen ba, ya saurara har ƙarshe kamar mai karɓar umarni.

Muryar Darakta ta fito daga bayan kyamara, a tausashe, cike da ladabi.

"Baba, kuskure aka yi aka naɗi wannan. Ba zan saka ba sai ka yarda. Auta ce ta ce lallai sai da izininka."

Baba ya ɗago a hankali. "Auta ta ji?"

"Ita ta buga rubutun, Baba."

Na toshe bakina da mayafi a tsakiyar shago. Baba ya kalli ƙasa, ya kalli tabon hannunsa, ya ja hannun riga ya rufe shi.

"In na ce a'a fa?"

Darakta bai amsa ba. Ina jin ƙarar na'urar sanyi, ina kallon babana yana jira a ce masa "ba komai, Baba". Ba a ce ba. Na yi ta magana da waya kamar zai ji ni, ina cewa Baba kada ka ƙara, Baba yi shiru kai ma. Ina! Shirun ya fi ƙarfinsa.

"Aikin zai lalace ko?" ya ce. Shiru. "Ka sha wahala a kansa. Ranka zai ɓaci." Shiru. "Maganarku da yarinyar tana nan dai ko?"

Ko a nan mutumin nan bai ce komai ba. Kalma ɗaya, 'yan uwa, "tana nan", bai furta ba.

"Saka," in ji Baba. "Ka saka duka."

"Baba, ka kalli nan ka faɗa, don kada gobe a ce na tilasta maka."

Ya miƙe zaune, ya buɗe ƙirji irin na hoton saman talabijin, ya kalli cikin kyamara.

"Na yarda da bakina. Ba wanda ya tilasta ni."

Ban san yadda na isa gida ba. Na dai san na bar takalmi ɗaya a bakin ƙofa, ɗaya a tsakar gida. Mama tana ɗaki ta turo ƙofa. Baba yana zaune a barandar baya a kan kujerar roba, inda ake shanya, har yanzu da farar rigar. Rediyonsa tana gefe a kashe. Na zube a gabansa na kama ƙafarsa, ya janye ta.

"Baba, wallahi ba haka na ce masa ba. Cewa na yi ya goge. Ban ce ya kawo ka ba, Baba, wallahi tallahi."

Bai kalle ni ba, igiyar shanya yake kallo.

"Tun yaushe kika sani?"

"Baba..."

"Ba faifan ba. Ciwon."

"Tun da aka sallamo ka daga asibiti."

Ya gyaɗa kai. "Kina gaishe ni kullum, kina kallon cikin idona, kina ba ni labari ina dariya. Ashe lallaɓa ni kike yi."

"Ba lallaɓawa ba ce. Ni ban ga abin da ya ragu a jikinka ba. Baba, na fasa. Ko shi kaɗai ya rage a duniya na fasa. Yanzu zan kira shi."

"Ba za ki fasa ba."

Da muryar aiki ya faɗa, wadda samarin dakali suke tsoro. Sannan ta sauka.

"Fim zai fita ko kin aure shi ko ba ki aure shi ba, na riga na faɗa da bakina. Abokan aikina za su gani, yaran da na horar za su gani, mai kantin bakin titi zai gani. Wannan zan iya, na shiga abin da ya fi shi zafi. Amma in fito da safe in tarar da ke a tsakar gidan nan, ki ce min ina kwana, ki kalle ni, ina sane kin ji ni ina roƙo, wannan ba zan iya ba." Ya ja numfashi. "Na tuɓe a gaban duniya don ki tafi, kada ki sa ya zama na tuɓe a banza. Ki aure shi, Auta. Ba don yana da kirki ba, na ga ko wane ne yau. Ni dai ba na son in ƙara ganinki a gidan nan."

Kuka ya ƙwace min, irin mai sa majina da shessheƙa, kwallin idona ya bi kumatu ya sauka a kan farin mayafina. Na jira ya dafa kaina kamar yadda ya saba, bai dafa ba. Ya dafa hannun kujera ya ɗan yunƙura, sai ya koma ya zauna, ya ja gaban rigarsa ya rufe gwiwa.

"Juya bayanki," ya ce. "Zan tashi."

Na juya na fuskanci bango ina durƙushe. Ina jin kujerar roba ta yi ƙara, ina jin takunsa a hankali, yana kiran Mama ƙasa-ƙasa. A daidai nan wayar da ke hannuna ta yi haske, na duba ta cikin hawaye. Darakta ne.

"Na san kin je wurin Baba. Kada ki ba ni labari a waya, zai huce. Ina ƙofar gidanku da kyamara."

Kafin in gama karantawa na biyu ya shigo.

"Kada ki wanke fuskarki."

Sai aka ƙwanƙwasa ƙofa, a hankali, cikin ladabi. Daga ɗaki Mama ta ɗaga murya ta ce, "Auta, ba kya ji ne? Tashi ki buɗe wa mijinki."